Dutsen da ke kashe kowa nan take ba ya ba kowa tsoro

Ka tambaye ni dalilin da ya sa na mayar maka da taswirarka. Ga yadda ka rubuto: "Maigida, na kafa dutsen lu'ulu'u a tsakiyar hamada, tsawonsa mita 1,000, yana fitar da jan haske, duk wanda ya matso kusa da shi sai ya faɗi matacce. Ka ce ba ya ba da tsoro. Ko in ƙara masa ƙarfi ne, ya riƙa mayar da mutane gumaka, dodanni kuma su riƙa fitowa daga gindinsa?"

Kada ka ƙara masa komai, ɗana. Ƙarfin ne ma ya yi masa yawa. Abin da ke kashe kowa nan take babu mai zuwa wurinsa, inda kuwa babu mai zuwa babu labari. Mai wasa zai gwada sau ɗaya, ya mutu, ya gane katanga ce kawai ka gina ka shafa mata jan fenti, ya bi ta wata hanya ya manta da ita. Mai karatu ma haka. A wannan sana'a tamu ta tsara duniyar da babu ita, ko don wasan kwamfuta ko don labarin almara, wurin da ke tsinka zuciya shi ne wanda mutum ya san zai iya shiga ya fito da ransa in ya kiyaye, kuma akwai abin da ya sa dole sai ya shiga.

Da na tambaye ka da me aka yi dutsen, ka ce da sihiri. Ba amsa ba ce wannan. Sihiri ɗorawa ake yi a kan dutse, sai dutsen ya zama dutse tukuna. Kiristal na gaske, wato dutse mai fuskoki irin lu'ulu'un naka, yana da tsari, ba ya fitowa yadda ya ga dama. Kwatz, farin dutsen nan mai ɗaukar ido da ake ganin haske ta cikinsa, da fuska shida yake girma, ya ƙare da tsini. Tun 1669 wani masani ɗan ƙasar Denmak, Nicolas Steno, ya nuna cewa kusurwar da ke tsakanin fuskokin kwatz ba ta canzawa, ko dutsen siriri ne dogo, ko gajere mai kauri. Kai kuwa a zanenka wani reshen fuska huɗu ka ba shi, wani bakwai, wani ma babu fuskar. Mai kallo bai san Steno ba, amma idonsa zai gaya masa akwai abin da bai zauna ba.

Sai kuma tauri. A 1812 Friedrich Mohs ya jera duwatsu daga 1 zuwa 10 bisa wanda ke iya karce wani. Jifsam, wanda ake sarrafawa a yi farin garin da likitoci ke ɗaure karaya da shi, yana kan 2, farcenka ma zai karce shi. Kwatz yana kan 7, yana karce gilashi da wuƙar ƙarfe. Daimon shi ne 10. Kuma kowanne da yadda yake fashewa. Kwatz ba shi da layin da yake bi, ɓarewa yake yi ya bar baki mai kaifi da ke yanka hannu. Daimon duk taurinsa yana da layi, in ka same shi da bugu ɗaya zai rabu. Daimon ɗin Cullinan da aka haƙo a Afirka ta Kudu a 1905, mai nauyin karat 3,106, sai a 1908 aka raba shi a Amsterdam, bayan Joseph Asscher ya daɗe yana nazarinsa kafin ya yarda ya ɗaga hannu. Ka zaɓi irin dutsenka, domin daga nan za ka san su wa ke aikinsa: ko dattawa ne masu haƙuri da za su kwana suna kallon fuska ɗaya, ko kuwa 'yan ƙwadago ne masu tabon yanka a tafin hannu.

Yanzu bari in kai ka wurin da nake so ka zauna ka yi tunani sosai. A jihar Chihuahua ta ƙasar Meziko akwai mahaƙar Naica, inda aka riƙa haƙar dalma da azurfa da tutiya. A shekarar 2000 masu haƙa suka fasa wani kogo, kimanin mita 300 a ƙarƙashin ƙasa, suka iske ginshiƙan jifsam farare tas sun gicciye ta ko'ina, mafi tsawonsu ya haura mita 11. Babu aljani a ciki, babu la'ana. Amma wanda ya shiga ba da shiri ba, bai fi ya jure minti 10 ba.

Me ke kisan? Ba ginshiƙan ba ne, su da farce ke karcewa. Zafin kogon yana kai digiri 58 a ma'aunin Salshiyas, laimar iskar kuma kashi 90 zuwa 99 cikin ɗari. Jikin ɗan Adam da gumi yake hucewa: gumi ya bushe, ya tafi da zafin. A can iskar ta riga ta ƙoshi da ruwa, gumi sai dai ya kwarara, ba ya bushewa. Sannan jikin mutum digiri 37 ne, wato huhunsa ya fi iskar kogon sanyi, saboda haka tururin da ya shaƙa a cikin ƙirjinsa yake komawa ruwa. Masu binciken da suka yi aiki a ciki sai da suka sa riguna cike da ƙanƙara, suka rufe hanci da na'urar da ke ba su iska mai sanyi, duk da haka lokacinsu a ƙidaye yake.

Ka lura da abin da ya fi burge ni a nan. Zafin da ke kashe mutum shi ne ya haifi dutsen. Akwai narkakken dutse a can ƙasan mahaƙar, shi ya riƙe ruwan da ya cika kogon a zafi ɗaya, ba hawa ba sauka, na dubban ɗaruruwan shekaru, har ginshiƙan suka samu sukunin girma a hankali. Kyan wurin da haɗarinsa uwarsu ɗaya. Mutane ma ba su taka ciki ba sai don injinan mahaƙar na zuƙe ruwan. Da aka dakatar da aiki a 2015, ruwa ya fara komawa wurinsa. Ka ga wurin da ƙofarsa ke buɗe muddin wani na biyan kuɗin buɗe ta, ranar da ya daina ta rufe.

Wannan minti 10 shi ne abin da dutsenka ya rasa. Mutumin da ya san yana da minti 10, ya ga abin da ya zo nema yana nesa da shi da tafiyar minti 6, ka riga ka kama shi. Zai yi lissafi, zai ga bai isa ba, zai ce bari dai in gwada.

To, mu ɗauki naka mu gyara tare, ka ga yadda ake yi. Mu ce kwatz ne. A 1880 'yan'uwan nan biyu Faransawa, Pierre da Jacques Curie, suka gano cewa in aka matse kwatz wutar lantarki takan taru a fuskokinsa, a shekarar da ta biyo baya kuma suka tabbatar cewa in aka ba shi wuta sai ya motsa. Da wannan ɗabi'ar agogon batir ke riƙe lokaci: ɗan ƙaramin kwatz ne a ciki yake karkarwa sau 32,768 a sakan ɗaya. A duniyarmu wutar da ake samu ta haka ba ta taka kara ta karya ba. A nan ne za ka sa sihirinka, a wuri ɗaya tak: ka ninka ta. Iskar hamada ta taso ta danni ginshiƙin mita 1,000, wuta ta taru a jikinsa, sai ta yi tsalle ta faɗa kan duk ƙarfen da ke kusa. Kafin ta yi tsalle dutsen yakan fara amo, ƙasa-ƙasa, mutum ya fara jin sa a haƙoransa kafin kunnensa, gashin hannunsa ya miƙe. Daga asuba zuwa hantsi iska a kwance take, dutsen na barci. Bayan nan sai abin da Allah ya yi.

Dubi abin da wannan ƙa'ida ɗaya ta haifar ba tare da ka ƙirƙiri wani abu ba. Masu sarar dutsen ba za su riƙe gudumar ƙarfe ba, sai ta itace da ƙaho da dutse, aikin yini ɗaya ya koma na mako. Sojan sarki, duk jarumtarsa, sai ya kwance takobi. Mai doki ya cire linzami da likkafa. Dole ke nan a zangon ƙarshe a samu mai ajiyar ƙarfe: kowa ya zo ya miƙa takobinsa, wuƙarsa, allurarsa, har ƙusar takalminsa, a ba shi guntun itace mai alama ya rataya a wuya. In ya dawo ya nuna itacen ya karɓi kayansa. In shekara ta zagayo bai dawo ba, kayan sun zama na mai ajiya. Ka zana min wannan mutumin a matsayin wanda ya fi kowa arziki a garin, ka zana bangon ɗakinsa cike da takubban da ba a zo karɓa ba, wasu sababbi, wasu sun yi tsatsa, ɗaya ƙarama ta yaro. Mai wasa ya shiga ɗakin nan ya ɗaga kai, ba sai ka rubuta masa "wurin nan akwai haɗari" ba.

Amma me zai kai mutum? A taswirarka babu dalili ko ɗaya. Na san abin da zai fara zuwa maka a rai: dukiya. Ana cewa ƙuda wajen kwaɗayi akan mutu, kuma gaskiya ne, sai dai mai kwaɗayi in ya mutu mai karatu cewa yake shi ya jawo wa kansa. Ni na fi son bukata. Tunda a hamada ka kafa shi, ka ce ɓallin dutsen in aka jefa shi a busasshiyar rijiya ruwa yakan taso, amma bayan 'yan shekaru ɓallin ya dushe, rijiyar ta ƙafe, sai an sake kawo wani. Shi ke nan, kowane gari a ƙasar ya rataya a kan dutsen. Sarki ba zai iya hana zuwa ba, uwa ba za ta iya hana ɗanta ba, domin ruwan da ta ba shi da safe daga can ya fito.

Wutar da ke tsalle kisan gaggawa ne, shi ake gani a ba da labari. Kisan da ya fi ciwo shi ne na sannu, kuma nan ma ba sai ka ƙirƙira ba. Ƙurar kwatz in ta shiga huhu ba ta fita, takan yi tabo a ciki har numfashi ya gagara. A farkon shekarun 1930, a ramin Hawks Nest da ke jihar West Virginia ta Amurka, aka sa ma'aikata huda dutse mai yawan kwatz a bushe, ba a zuba ruwan da zai kwantar da ƙura ba. Ɗaruruwa suka mutu, yawancinsu baƙaƙen fata talakawa da suka zo neman abin sa wa a baki. An san ruwa na rage ƙurar, an dai ga yana rage saurin aiki. A duniyarka kuma ruwa shi ne abin da babu. Ka ga ƙullin? Ruwan da zai ceci huhun mai sara shi ne ruwan da aka aike shi ya nemo. Wa zai yarda a zubar da salka biyu a kan dutse? Kuma su wa ake aikawa: masu bashi ne, ko fursunoni, ko kuwa kowane gida ne ke ba da ɗa ɗaya? Amsar da ka ba wannan ita za ta gaya min irin sarautar da ke ƙasar, fiye da duk jerin sunayen sarakuna da ka cika shafi uku da su.

Wani abin kuma, kada mutanen duniyarka su san gaskiyar abin da ke kashe su. Kai ka sani, su suna laluba. A tsaunukan da ke kan iyakar Jamus da ƙasar Cek, a garuruwan Schneeberg da Jáchymov, tun ƙarni na 16 aka san masu haƙar azurfa suna mutuwa da ƙuruciya da wani ciwon ƙirji, suna kiransa ciwon dutse. Sai a 1879 likitoci biyu suka tabbatar cewa kansar huhu ce, kuma sai a ƙarni na 20 aka danganta ta da radon, iskar da ke fita daga duwatsu masu yuraniyam, ba launi ba wari. Fiye da shekara 300 ana binne mutane ba a san sunan makashinsu ba. Daga duwatsun Jáchymov ɗin nan ne Marie Curie da mijinta Pierre suka gano radiyam a 1898. Ga kuma inda ɗan Adam ke ba ni mamaki: a 1906 aka buɗe wurin wankan neman lafiya a garin, da ruwa mai ɗauke da radon ɗin. Saboda haka a gindin dutsenka lallai a samu mai sayar da garin lu'ulu'u a matsayin maganin tari. A samu masu cewa fushin kakanni ne, da masu cewa wanda ya yi rantsuwar ƙarya kaɗai wutar ke kamawa, da wata tsohuwa da ta lura cewa masu rufe hanci da jiƙaƙƙen ƙyalle sun fi daɗewa, amma babu mai sauraronta. Mai wasa mai hankali shi zai haɗa waɗannan ya gano ƙa'idar da kansa, kuma daɗin da zai ji a ranar ya fi na kashe dodo goma.

Asalin dutsen, wato wanda ya kafa shi da dalilinsa, kana iya barinsa a rufe har abada, babu laifi. Abin da ban yarda da shi ba shi ne karya ƙa'ida don jarumi. Na ga masu tsara wasa da yawa sun yi aiki mai kyau, sannan a ƙarshe suka ce ai shi wannan zaɓaɓɓe ne, wutar ba ta taɓa shi. Ranar da ka yi haka ka mayar da duk takubban da ke bangon mai ajiya abin wasa. In jaruminka zai kai gindin dutsen da tsakar rana ya dawo, to ya zama da dabara ya yi, dabarar da mai ajiya zai ji ya girgiza kai ya ce yaya aka yi ba mu taɓa tunanin haka ba. In kuma ya ɓoye wuƙa a cikin rigarsa don bai yarda da abokan tafiyarsa ba, to wuƙar ta ci shi, ko ta ci na kusa da shi.

Jan hasken nan ma ka rage shi. Ka samo ƙananan kwatz biyu, ka shiga ɗaki ka kashe fitila, ka goga su da ƙarfi. Za ka ga wani ɗan haske ya gilma a cikinsu ya ɓace. Irin wannan nake so: dutsen ya zauna duhu, sai daren da iska ta yi ƙarfi, rassansa suka gogi juna, a ga walƙiya na yawo a cikinsa daga nesa. Da rana kuwa ba ya bukatar hasken kansa. Ƙwallon kiristal da aka bari a taga yana iya tara hasken rana ya kunna wa labule wuta, balle ginshiƙin da ya kai wannan. Ka sa wani baƙin layi a ƙasa inda hasken da ya tara ke bi kullum yana ƙona yashi, masu rakiya su san sa'ar da ake tsallaka shi.

Saura maganar mita 1,000 da ka rubuta ba ka yi lissafinta ba. In duniyarka girmanta ɗaya da tamu, a fili miƙaƙƙe za a fara hango tsinin abu mai wannan tsawo daga nisan kilomita 113 ko kusa da haka, in sararin sama ya washe. Mu ɗauka ayari na cin kilomita 30 a yini. Kusan kwana huɗu ke nan fatake na tafe yana gabansu, kullum yana ƙara girma, kullum hira na raguwa. Ka rubuto min waɗannan kwana huɗun, abin da ake gani da abin da ake ji a kowane zango, da ranar da amon ke fara isowa. Hanyar da ka ja miƙe ta gindinsa kuma ka goge ta. Ka lanƙwasa ta ta yi nesa da inda wutar ke kaiwa, sannan ka auna kwana nawa lanƙwasar ta ƙara wa tafiya, domin madugun da ruwansa ya kusa ƙarewa zai so ya yanke, kuma da yawan kwanakin nan ne mai rakiya zai yanka masa lada.